Kogon da Ke Jin Magana: Saƙo ga 'Yan A-gani-a-ƙasa

Na san halinku sarai. Da an ce akwai kogon da ke jin magana, ya buɗe wa wanda ya iya kiransa, ya haɗiye wanda harshensa ya yi tuntuɓe, sai ku gyara zaman tabarau, ku taɓe baki, ku ce gatanan gatananku. To ku ɗan saurara, ba zan cinye muku lokaci ba.

Mu fara da wanda kuka fi rainawa, kogon Ali Baba da ɓarayi 40. Ali mai saran itace ne, talaka futuk. Ya laɓe a kan bishiya, ya ji shugaban ɓarayi ya ambaci sunan riɗi, dutse ya tsage. Bai ɗauki guduma ba, kunne kawai ya kasa. Ɗan'uwansa Ƙasim kuwa, attajiri, ya shiga lafiya lau, ya ga zinariya jibge, idonsa ya rufe, kalmar ta ɓace masa ɓat. Ya kira sha'ir, ya bi sauran hatsi ɗaya bayan ɗaya, ƙofa ko gezau. Nan ɓarayin suka riske shi, suka raba shi gida huɗu.

Dariya kuke yi ko? To a cikinku wane ne, ranar da albashi ya shigo, ya tsaya gaban na'urar cirar kuɗi, layi ya miƙe a bayansa har bakin titi, ya danna shekarar haihuwarsa ta ƙi, ya danna ta uwargida ta ƙi, gumi ya keto masa, na baya suna cewa "Alhaji a yi sauri mana", a karo na uku aka toshe katin? Kada ka waiga, da kai nake. Ƙasim ma ya fi ka uzuri, tunda shi dukiyar ba tasa ba ce. Kai kuwa guminka ne a ciki, lambobi huɗu suka hana ka.

Za ku ce ai ƙage ne. Ban musa ba. Labarin ma ba ya cikin tsofaffin rubuce-rubucen Larabci na Dare Dubu da Ɗaya. Wani saurayi ɗan Halab, Hanna Diyab, shi ya ba Bafaranshen nan Antoine Galland shi da baki a birnin Faris a 1709. To tunda dutsen da za a shafa da hannu kuke so, ku ɗauko fasfo.

A garin Sirakusa da ke tsibirin Sisili na Italiya akwai wani kogo da aka sassaƙa a tsohuwar ma'aikatar fasa dutse. Tsayinsa ya kai kusan mita 23, zurfinsa kamar mita 65, ya lanƙwashe, sannan ya tsuke ta sama. Mai zanen nan Karabajo ya ziyarce shi a 1608, ya raɗa masa suna Kunnen Diyonisiyos. An ce wannan azzalumin sarki yakan tsare abokan gabarsa a ciki, ya hau sama ya kasa kunne, duk raɗar da suka yi ta iso masa. Zancen sarkin almara ce, ku riƙe wannan, na ba ku kyauta. Amma amsa-kuwwar tana nan: ƙaramin sauti a wurin yakan kumbura ya cika kogon. Mai gulma a cikinku kada ya je da abokin gulmarsa.

Abin da ya fi ɗaure min kai ya faru ne a ramukan fasa dutse na garin nan. A shekara ta 413 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), rundunar Atina ta sha kashi a Sirakusa, aka zuba fursunoni aƙalla 7,000 a ramukan, rana ta gasa su, sanyin dare ya kama su, ga yunwa ga ƙishirwa. Marubucin Girka Fulutak ya ruwaito cewa wasunsu sun sami 'yanci saboda sun haddace baitocin mawaƙi Yuribidis, waɗanda mutanen Sisili ke mutuwar so. Mai takobi ya ruɓe a rami, mai hadda ya koma gida. Ku da kuka riƙa tserewa daga ajin adabi kuna cewa ba ya kawo abinci, sai ku yi wa kanku lissafi.

A Malta kuma, a 1902, magina suna haƙa ramin tara ruwa suka faɗo cikin wasu ɗakuna hawa uku a ƙarƙashin ƙasa, a Hal Safliyeni, waɗanda suka haura shekara 5,000. Akwai ɗaki guda da in mai kakkaurar murya ya yi magana a wata 'yar taga ta bango, sai amon ya bi sauran ɗakunan yana gurnani. Wanda ya tsaya a duhun nan can da, ba fitila sai aci-bal-bal, kuna ganin zai tsaya tambayar hujja? Ku ma da gudu za ku fito, ku bar takalma.

Na ji wani daga can baya yana cewa duk na ƙasar Turawa nake kawowa, don na san ba mai zuwa ya ƙaryata ni. Madalla. Birnin Kudu ta Jihar Jigawa ba ta buƙatar biza. A duwatsunta, irin su Dutsen Habude da Dutsen Mesa, akwai tsofaffin zanen shanu a jikin kogo, kusa da su kuma ga duwatsun kiɗa da wani mai bincike, Bernard Fagg, ya yi rubutu a kansu a tsakiyar shekarun 1950. In ka buga su da ƙaramin dutse sai su yi amo kamar ƙarfe, kowane gurbi da muryarsa, wuraren bugun har sun lotsa don yawan hannun da ya bi ta kansu. Gani ya kori ji, in ji ku. To ga hanya nan daga Kano, a shirya ranar Asabar. Kuɗin mota dai kowa ya biya nasa.