Bakano Ya Ƙago Duniyoyi, Duk Kasuwa Ce

Kai Bakano, littafin naka ya iso Zariya, an kuma karanta shi a garin da aka san darajar karatu. Na ga ka rubuta a bango cewa ƙagaggen labari ne, don kada malamai su taso ka a gaba. Kwantar da hankalinka, ba mai ɗaukar wannan da muhimmancin da zai kai ga fatawa. Ni dai babin farko nake so mu zauna a kansa, inda ka zayyana yadda duniyoyin labarinka suka faro.

Wai da fari babu komai sai rumfa guda a cikin duhu, da mai kaya da mai saye. Mai saye ya taya, mai kaya ya ce albarka. Nan take rumfar ta tsage biyu, a ɗaya an sallama, a ɗaya an watse ba ciniki, kowace ta zama duniya mai ranarta da watanta. Daga nan duk tayin da aka yi sai a sake rabewa, har duniyoyi suka wuce ƙirga. Taurari kuwa, in ji ka, canji ne da ya zube ba a tsince ba. Jama'a ku ji fa. An ba mutum alƙalami da sararin sama sukutum ya yi yadda ya ga dama, ya tashi ya gina Kantin Kwari.

Kuma kayan ma gwanjo ne, ka dai wanke ka goge ka rataya. Wannan batu na rabewar duniya a duk inda abu zai iya faruwa ta fuska biyu, wani ɗalibi Hugh Everett ne ya kawo shi a jami'ar Princeton ta Amurka a 1957. Shi a kan ƙananan ƙwayoyin zarra yake magana, da lissafi shafi bayan shafi, manyan masana na lokacin suka yi biris da shi, shi kuwa dama ya riga ya kama aiki da ma'aikatar tsaro. Masu littattafan zane na DC su ma sun riga ka. A 1961 suka haɗa jaruminsu Flash da takwaransa na wata duniya, a 1965 kuma suka kawo Krona, mai karambanin da ya ƙera na'ura don ya leƙa farkon halitta duk da an hana shi. Daga baya a kansa suka ɗora laifin tarwatsewar duniya ɗaya ta zama barkatai. Ka ga su ko ba komai neman sani ne ya jawo musu. Kai naka a kan ragin sisin kwabo aka raba sama da ƙasa.

To mu zo ga ramin da ke tsakiyar rumfar. Wa ya ba mai kayan jari? A ina ya saro, tunda babu Dawanau, babu Singa, babu ko hanyar Legas? Na yi ta jiran amsa, sai na tarar ka shigo da dillali, wai shi ya riga rumfar kanta wanzuwa, yana zaune a duhu yana jan carbi yana jiran masu ciniki. Shi ke tsallakawa daga wannan duniya zuwa waccan yana karɓar la'ada, har a inda ba a sallama ba. Na ɗauka shi ne mugun labarin. Ashe shi ne jarumin, har ka aura masa 'yar sarki a duniyoyi uku.

Wuri ɗaya dai zan sara maka, ko da yake na tabbata dace ka yi. Masana da ke cewa sararin nan ya faro kimanin shekara biliyan 13.8 da suka wuce sun daɗe ba su da shaida mai ƙarfi, tun da Georges Lemaître, limamin coci ɗan Beljiyam, ya kawo maganar faɗaɗarsa a 1927. Sai a 1965 Arno Penzias da Robert Wilson suka ba da labarin wani shuu da eriyarsu ke kamawa ta kowace kusurwa, dare da rana. Har tattabarun da suka yi sheƙa a cikinta suka zarga, suka kore su, suka kankare kashin, shuu ɗin bai tafi ba. Ragowar zafin farko ne, ya kuma kai su ga kyautar Nobel a 1978. Kai ma ka sa mai gadin Kasuwar Kurmi, bayan an kulle rumfuna an kashe fitilu, yana kara kunne a jikin tsohon katako yana jiyo amon albarkar farko tana yawo har yanzu. Wannan ya yi kyau. Wani Bazazzage ka ji yana faɗa a mota, faɗi gaskiya.

Sai dai ka yi hattara da yawan rassan nan. DC da kansu duniyoyinsu sun rikita masu karatu, a 1985 Marv Wolfman da George Pérez suka rushe su suka mayar da su guda. Kai kuwa littafi na ɗaya bai ƙare ba ka manta a wace duniya ka kashe uwar dillali, ga ta can a babi na tara tana soya wainar fulawa. Amma na san ba za ka rage ba, tunda kowace duniya littafi ce mai farashinta, shi ya sa ka rufe da cewa mu haɗu a na biyu.

Saura maganar kuɗin sharar bara. Yaron da na aika ya dawo ya ce ka rantse ka biya, amma a ɗaya duniyar. Madalla. Waccan ta Bazazzagen can ce, ya ci lafiya. Ni a wannan nake, lambar asusuna ba ta canja ba, kuma ba na karɓar tayi.