Maƙerar Lokaci

A wata ƙasa ta almara, can inda aljanu ke cin kasuwa ɗaya da mutane, akwai wata maƙera da ba a kai mata tama. Lokaci ake kai mata. Ka zo da naka a ƙunshe, yaro ya hau zuga-zugi har gawayi ya yi ja, Sarkin Maƙera ya cafke shi da awartaki, ya bi shi da masaba.

Lissafin a fili yake: minti 1 allura, awa 1 lauje, shekara guda garma. Sai dai ba kowane lokaci ne ke ƙeruwa ba. Na barcin rana laushi gare shi kamar dalma, ko cokali ba ya yi. Na zaman majalisa kuwa, da ya ji wuta sai ya bi hayaƙi. Wani ya loda shekara 30 a kan jakuna biyu, ya koma gida da ƙusa guda, ita ma a lanƙwashe. Mafi tauri shi ne wanda aka ɓata wajen bin bashi. Da shi ake ƙera ƙyauren ƙofar gari.

Wani saurayi ya durƙusa ya ce, "Ranka ya daɗe, a ƙera mini takobi da gobena."

Sarki ya ce, "Yaro, ba ma karɓar ɗanye."

Ni dai maƙerin nake zargi. Duk wanda ya ba da aiki sai ya ce masa, "Dawo jibi." Jiran nan da mutane ke yi yaransa ke sharewa da yamma, su zuba a buhu, ya ƙera fartanya ya kai kasuwa.