Takarda Zuwa ga Hajiya Hula Mai Leƙen Ƙwaƙwalwa

Takarda ta fito daga hannun ƙananan ma'aikatan Sabon Birni da Isa, zuwa ga Hajiya Hula mai wayoyi.

Labarin Hajiya ya iso ƙasar Gobir. An ce a wuraren haƙar ma'adinai na Ostareliya, inda ake kiranta SmartCap, tana zama a kan direbobin manyan motoci tana auna motsin lantarkin ƙwaƙwalwa, da gyangyaɗi ya taso sai ta ankarar da su. Wannan kam aikin lada ne. Amma a 2018 jaridar South China Morning Post ta ruwaito cewa a wata masana'antar birnin Hangzhou na ƙasar Sin, sakamakon awon yana tafiya ne teburin shugabanni, su duba wa ya gaji, wa ransa ya ɓaci, su sake rabon aiki. Nan fa aka fara kallon Hajiya a kaikaice.

Masu takarda suna so ta san inda take shirin zuwa. Malamin firamaren da zai sa ta ran Litinin wataƙila a daji ya kwana da iyalinsa saboda ƙarar bindiga. Ma'aikaciyar asibitin da ke bin hanyar Isa, wadda aka ƙona matafiya a kanta kusa da Gidan Bawa a Disamban 2021, gabanta na faɗuwa tun daga tasha. Hajiya za ta rubuta gajiya, ta rubuta firgita, kuma ba ƙarya ta yi ba. Sai dai ba ta tambayar dalili, shi kuwa oga da ke zaune a Sakkwato lamba kawai zai gani, ya ce ma'aikacin malalaci ne, a tsallake shi wajen ƙarin girma.

Akwai abin da ya fi wannan. A yankin da kalmar infoma, wato mai kai wa 'yan bindiga rahoto, kan ci ran mutum kafin a yi bincike, wa zai yarda da hular da ake cewa tana karanta zuciya? Ba ta ma iyawa, amma jita-jita ba ta jiran bayanin likita.

Ƙasar Chile ta saka kare bayanan ƙwaƙwalwa cikin tsarin mulkinta a 2021. Dokar kare bayanai ta Najeriya ta 2023 ita ma ta tsananta kan bayanan lafiya. To amma ko da an nemi amincewar ma'aikaci, wanda aka ce masa ko hula ko takardar sallama, amincewarsa ta baki ce.

Idan Hajiya ta nace sai ta zo, ta taho da batirinta, don wuta ba tabbas. Kuma a fara ɗora ta wata uku a kan masu sa hannu a takardar albashi, a riƙa manna sakamakon a ƙofar sakatariya kowace Juma'a.