Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Zuwa ga Alhaji Bankin Duniya

Ranka ya daɗe,

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan iyali na Washinton suna lafiya, har da ƙaninka IMF. Talakawanka ne na tsakanin Bichi da Dambatta, masu gonakin nan da gado ya yayyanka har wata idan ka tsaya a tsakiyarta kana iya gaisawa da maƙwabta huɗu ba tare da ɗaga murya ba.

Ba mu manta alherinka ba. Zamanin Rimi, farkon shekarun 1980, da rancenka aka kafa KNARDA, hukumar raya noma ta Kano. Aka haƙa rijiyoyin burtsatse, aka ba malaman gona babura suna zagayo mu duk mako biyu. Malami ya tsaya a bakin kunya ya ce haɗa gero da dawa da wake wuri ɗaya aikin dā ne, a shuka iri guda, a bi shi da takin zamani. Takin kuwa gwamnati ce ke biyan mafi yawan kuɗinsa. Muka saba, ƙasar ma ta saba.

Sai ga 1985. Babangida ya tambayi 'yan ƙasa ko a karɓi bashin ƙaninka, aka ce a'a, shi kuma a 1986 ya kawo SAP, wato sharuɗɗan bashin ba tare da kuɗin ba. Aka karya darajar naira, aka rushe hukumomin sayen amfanin gona, masananka suka fara bayanin cewa tallafi yana ɓata manomi. To, mu masu sauraron rediyo ne, Alhaji. Mun ji har gobe ana tallafa wa manomin Amurka da na Faransa, ba mu kuwa ji ya ɓaci ba. Wataƙila ruwan can ne daban.

Daga nan aka shiga wasan a-sha-ruwan-tsuntsaye da taki: a 1997 aka cire tallafin, a 1999 aka maido, a 2012 aka ce buhu biyu za su zo ta wayar salula. Ranar 29 ga Mayun 2023 aka cire na fetur, ka yaba, ka kuma tanadi dala miliyan 800 na rage raɗaɗi. Raɗaɗin dai ya iso kowane gida bai nemi lambar asusu ba. Kuɗin ma ashe rance ne, jikokinmu za su gaisa da kai a kansa.

Abin da ya sa muka ɗauki alƙalami shi ne sabon darasi. Yanzu da shirin ACReSAL na dala miliyan 700, ana tara mutane a otal ana nuna musu a majigi cewa a bar bishiya a gona, a haɗa hatsi da wake, a zuba takin gida. Madalla. Tun shekarun 1960 wani Bature, Michael Mortimore, ya zo yana mamakin yadda ake noma ƙasar nan duk shekara ba hutu, ga jama'a jingim. Abin da ya tarar ke nan: gawo a tsaye a tsakiyar gona, harawa a kan reshe, tumaki a turke suna tara taki, jakai suna kai itace birni da asuba su dawo da mangala cike da toka da shara. Mun ji daɗi da ka iso inda kakanninmu suke, ko da yake ka biyo doguwar hanya, kuma mu muka biya kuɗin motar.

Buƙatarmu ɗaya ce. Jakan sun yi ƙaranci, masu jigilar fatarsu zuwa Sin sun kwashe, a-kori-kura kuma fetur take sha. Idan akwai ragowar canji bayan an sallami masu ba da shawara, a sayo mana jakai, kowace unguwa ko da biyar ne. Kada a turo ƙwararre ya koya musu hanyar Kano, kuma don Allah a kawo su kafin ka sake canza ra'ayi.

Naka masu biyayya da biyan bashi,
Manoman arewacin Kano