Injera a Kan Tsinken Sakace

Rashawa da Habashawa sun sha bamban a kusan komai, daga sanyin gari har zafin yaji, amma sun haɗu a kan abu guda: ba sa barin baƙo ya tashi da sauran wuri a cikinsa. A Mosko, kafin ainihin abinci ya iso, sai an cika tebur da zakuski, wato kifi mai gishiri, kokwamba mai tsami, ƙwan kifi, baƙin burodi, da naman da aka dafa har romonsa ya daskare. Wai duk wannan share fage ne. A Addis Ababa kuwa, a babban tire ɗaya ake shimfiɗa injera, a zuzzuba miya, kowa ya sa hannu, mai gida ya ƙunsa loma ya kai maka har baki. Gursha ke nan. Ƙin karɓa rashin ta ido ne, kuma iya girman loma iya girman ƙauna.

Sai ga 'yan gayun liyafa na biranen Turai da Amurka, har da Washington inda Habashawa suka fi yawa a Amurka, sun ɗaura wa waɗannan gidaje biyu na ƙoshi aure. Abin da aka haifa bai kai kan babban yatsa ba.

Ga yadda ake yi. Uwargida za ta sayo injera, wadda ke kama da sinasir mai tsami, faffaɗa, da aka bar ƙullunta na tef ya kwana biyu ko uku. Ta kifa bakin ƙaramin kofi ta yanko da'ira. Ta ɗiga kindirmon Rasha mai kauri, smetana, ta jera ƙwan kifin da ko makaho zai ƙirga, ta kawo garin yajin berbere ta nuna wa lomar daga nesa, sannan ta soke da tsinken sakace. Ita injerar nan a gidansu ita ce faranti, ita ce cokali, ita ce kuma abincin. Tsinke ɗaya ya kore ta daga aiki uku. Kitfo ma, ɗanyen naman da ake kwaɓawa da man shanu da yajin mitmita a ci har a yi gumi, an ɗora masa ƙwaya guda a kan blini, wainar Rasha, an dasa masa ganye a ka don hoto.

Kujera babu. Baƙi na tsaye, kofi a hannun dama, tsinke a hagu, ana tauna a hankali don kada lomar ta ƙare kafin uwargida ta juyo. Da ta juyo sai a lumshe ido a ce, "Kai, akwai zurfi!" Zurfin a ciki yake, kuma mai sayar da soyayyar kaza na bakin hanya ne zai cike shi da ƙarfe goma sha ɗaya.

Abin sha kuma wani sabon babi ne. Barashe yana kwankwaɗar vodkarsa zalla, da sanyi, bayan doguwar huɗubar fatan alheri. Bahabashe yana shan tej, giyar zuma, a kwalba mai dogon wuya. Ba ɗayansu da ya nemi a gauraya masa. Haɗe-haɗen da ake jingina wa Rasha ma ba 'yan gida ba ne: Moscow Mule a Amurka aka ƙago shi wajen 1941, Black Russian kuwa a wani otal na Brussels a 1949. Yanzu an ƙara musu zuma, an shafa wa bakin kofi berbere, leɓe na raɗaɗi ana murmushi. Gahawar da a Habasha ake soyawa a gaban baƙi, a turara lubban, a sha zagaye uku, abol, tona da baraka, inji ne ke tsiyayo ta cikin rabin minti a juye a barasa. Wanda ba ya sha, Allah sarki, ruwa ne rabonsa, da yankan kokwamba na iyo a ciki.

Idan ka tambayi dalilin auren, maigida zai gyara murya ya jawo Pushkin. Ai babban mawaƙin Rasha, wanda aka haifa a 1799, tattaɓa kunnen Abram Gannibal ne, yaron Afirka da aka kai wa Sarki Peter Mai Girma a 1704, ya tashi har ya zama janar. An daɗe ana cewa Bahabashe ne, har dandali aka sa wa sunan Pushkin a Addis Ababa. Amma a 1996 masanin tarihi ɗan Benin, Dieudonné Gnammankou, ya kawo hujjar cewa yaron daga Logone-Birni ya fito, a arewacin Kamaru, kudu da Tafkin Chadi, kuma masana da yawa sun bi bayansa.

In haka ne, tuwon dawa da busasshen kifi suka cancanci wannan tebur. Don Allah kada wanda ya tsegunta wa 'yan gayun liyafa. Za su yanka tuwon da bakin kofi, su ɗiga masa miyar kuka sau ɗaya, su ce mutum biyu su raba.