Jama'ar Wajen Keji

Duk wanda ya shiga Gidan Zu na Audu Bako a Kano lokacin yawon Sallah ya san kallo biyu ake yi da tikiti ɗaya, kuma na wajen keji ya fi armashi.

Ga gwanin tsokanar zaki. Zaki dai a barci yake cinye yawancin yininsa, amma gogan naka ya biya kuɗi, dole a yi masa ruri. Ya yi tafi, ya yi fito, ya faki idon mai gadi ya cilla tsakuwa. Da zakin ya buɗe ido ɗaya ya sake lumshewa, sai ya yanke hukunci: "Wannan ai kare ne aka yi wa geza!" A Oktoban 2019, da zaki ya kuɓuce daga kejinsa a gidan ya auka wa awaki, ko ɗuriyar irinsu ba a ji ba.

Sai Hajiya uwar tausayi, wadda ke ganin kowace dabba marainiya ce. Gyaɗa, cincin, ragowar soyayyen naman layya, duk na biri ne. "Ci abinka, bawan Allah, dubi yadda ka rame." Biri ya karɓa da hannu ɗaya, ya fizge mayafinta da ɗayan.

Wanda na fi tsoro shi ne Malam masanin komai. Ba a tambaye shi ba, amma ya tara yaran mutane yana karatu: kunkuru shekararsa dubu, kura da dare mutum take komawa. Shi ne har gobe yake rantsuwa ya ga goggon birin da aka ce ya haɗiye naira miliyan 6.8 a 2019, alhali gwamnan lokacin, Ganduje, da bakinsa ya ce babu goggon biri a gidan. Ka tuna masa, ya ce, "To, ɓoye shi suka yi, yana narkar da kuɗin."

Saurayi da budurwa kuwa inuwa suka zo nema, ko giwa ta gifta ba su sani ba. Masu hoton waya su ma ƙeya suke ba dabbobin.

Can gefe kuma ga wani dattijo ya ja mai share keji yana masa raɗa. Gashin kura yake so, ko sili uku, da ɗan kashin giwa busasshe, wai na haɗin maganin jikansa ne.

"Baba, an hana fa."

"Haba ɗana, wanda ya faɗi ƙasa ma?"