Bari In Ɗan Taɓa Saitin

Duk wanda labari ya bazu a unguwa cewa ya iya saka gem ɗin PlayStation 2 a kwamfuta, to ya yi bankwana da baccin rana. Aikin kansa bai taka kara ya karya ba. Ka sauke PCSX2, ka nuna mata inda BIOS yake, ka nuna mata foldar gem, ka jona hannu, shi ke nan. Kafin shayi ya huce an gama. Wahalar tana wajen mutanen da ke sallama a ƙofar gida da laftof a hammata.

Mai Neman BIOS ne ke fara zuwa. Ya sauke emuleta da kansa, ya buɗe, ta ce babu BIOS, ya rufe ya sake buɗewa ko ta manta. Ba ta manta ba. In ka gaya masa masu manhajar sun ce kowa ya ciro nasa daga PS2 ɗinsa, sai ya dube ka da tausayi ya ce, "Yaya, in ina da PS2 me zai kawo ni wurinka?" Tambaya ce mai nauyi. Ni dai na kan tura shi ga PPSSPP, wadda ba ta neman BIOS ko kaɗan, ya je ya buga gem ɗin PSP ya bar ni in huta.

Bayansa sai Mai Laftof Ta Gado. Kwamfutar nan ta yi digiri da mutum biyu a gidansu kafin ta iso hannunsa. Batir ya rasu tuntuni, in aka taɓa wayar caja sai ta ɗauke. RAM gig 2. Abin da yake so kuwa God of War III, wato gem ɗin PS3, a kan RPCS3, manhajar da ke sa manyan kwamfutoci gumi saboda rikitaccen injin Cell da Sony ta saka wa na'urar. Ka lallashe shi ya sauko zuwa PS2, sai ya zo maka da lissafi: an ce RAM ɗin PS2 meg 32 ne kacal, gudun injinta bai kai megahaz 300 ba, tasa kuwa ta ninka wancan RAM sau sittin da wani abu, to me ya hana? Sai ka zauna ka yi masa bayani cewa kwamfutarsa ba ta jin yaren injin PS2, kowane umarni sai ta fassara kafin ta aikata, kamar tafinta a kotu da aka ce ya yi fassarar, ya yi shari'ar, ya kuma rubuta hukunci duk a lokaci guda. Ya gyaɗa kai, ya ce a dai gwada. A gwada. Kratos, jarumin gem ɗin, ya ɗaga wuƙa, ka je ka yi alwala ka dawo bai sauke ba. Fanka na kuka, ƙasan laftof ya isa a gasa masara. Shi kuma ya matso kusa da allo, ya yi shiru, can ya ce, "Ai da sauƙi. Ko in saka filash a ƙara mata RAM?"

Amma sarkinsu, wanda na fi shan wuyarsa kuma ba na iya rabuwa da shi, shi ne Injiniya Mai Saiti.

Injiniya ba shi da matsalar kayan aiki. Kwamfutarsa ta fi ta kowa a layinmu, da katin hoto mai fanka biyu da fitilu masu canza launi. Kowane gem yana tashi a wurinsa lafiya lau tun bugun farko, kuma wannan ne babban baƙin cikin rayuwarsa. Bai zo duniya don ya buga gem ba. Ya zo ne don ya gyara.

Ka ziyarce shi ya ce zai nuna maka Shadow of the Colossus. Gem ne mai dodanni 16, ya fito tun 2005. Injiniya bai taɓa kashe ko na farko ba. Amma ya san gashin wuyan dokin da ke cikin gem ɗin a kowane mataki na kaifin hoto, ya san yadda yake kaɗawa a Vulkan da yadda yake kaɗawa a Direct3D, kuma yana da ra'ayi mai zafi game da OpenGL wanda ba zan maimaita a nan ba. Idonsa ba ya tsakiyar allo inda ake yaƙi. Yana can saman kusurwa inda ƙananan lambobi ke nuna gudun gem. In lamba ta tsaya a 60, yana numfashi. In ta sauka 59 na ƙiftawar ido, sai ka ji ya ce, "Ka gani? Ka ga abin da nake gaya maka?" Ba ka ga komai ba. Babu ɗan Adam da ya ga komai.

Ranar da ya gano cewa kwafin San Andreas ɗinsa na Turai ne, mai tafiya a kan 50, ba na Amurka mai 60 ba, bai ci abincin dare ba. Ya goge, ya sauke na Amurka. Kuma tun daga ranar, duk saitin da ya canza, da farkon gem ɗin yake gwadawa, wurin da 'yan sanda suka yar da CJ, jarumin gem ɗin, a lungu ya hau keke. Ya tuƙa keken zuwa bakin titi, ya duba lamba, ya fita, ya canza wani abu, ya dawo lungu. Shekaru ke nan CJ na kan keken nan, har yau bai isa Grove Street ya ga 'yan uwansa ba.

Inda abin ya fi ciwo shi ne ƙwallo. Mun zauna, PES 6, na ɗauki Inter saboda Adriano, kamar yadda duk mai hankali zai yi. Ina gaba da ci ɗaya, saura minti kaɗan, na samu kwana. Sai hoto ya tsaya cak. Injiniya ya danna maɓallin fita.

"Mutumina, bari in ɗan taɓa saitin. Ciyawar nan ba ta yi min ba."

"Wace ciyawa, Injiniya? Kwana zan buga."

"Dubi layin gefen fili, yana rawa. Minti ɗaya."

Minti ɗayan Injiniya ya kan kai Magariba. Ya danna F9 ya koma zanen hoto na manhaja zalla, ya dawo na katin hoto, ya ninka kaifi sau uku, ya mayar sau huɗu, ya saka facin faɗaɗa allo, 'yan wasa suka yi ƙiba, ya cire. Daga nan ya shiga wani lungun saiti da masu manhajar da kansu suka rubuta gargaɗi a kai cewa kar a taɓa sai an san abin da ake yi. Ya taɓa. Gem ya mutu, allo ya yi baƙi, cina ɗaya ya bi ruwa. Na juya in yi masa faɗa, sai na ga fuskarsa tana haske. Ya samu aiki. Ya jawo wani littafi mai ganye arba'in da yake rubuta saiti a ciki, ya gyara zama, ya ce in miƙo masa biro.

Da PCSX2 2.0 ta fito a Yulin 2024, mutane suka yi murna: babu sauran zaɓen filogin na hoto daban, na sauti daban, na hannu daban, kuma manhajar da kanta tana saka wa gem da yawa gyaran da ya dace da su. Injiniya ya yi zaman makoki. Ya ce an lalata sana'a. Ya kan tuna zamanin ePSXe da ƙauna, lokacin da mutum zai kwana yana haɗa filogin kafin Tekken 3 ya yarda ya yi sauti, ya ce a lokacin ne ake sanin maza. 'Ya'yansa sun daina tambayar yaushe za su buga. Ƙaramar ce kawai ba ta fid da rai ba, ta kan leƙo ta ce, "Abba, an gama saitin?" Ya ce saura kaɗan. A ranar da komai ya daidaita, babu rawa, babu tsinkewar sauti, lamba ta kafe a 60, ya zauna ya yi tagumi na ɗan lokaci, sannan ya je ya sauke Dolphin ya fara daga farko da gem ɗin GameCube.

Sauran ba sa buƙatar dogon bayani. Akwai Mai Kibod, wanda ya rantse ba zai sayi hannu ba, har maɓallan kibiya suka fice daga laftof ɗinsa, yanzu in zai rubuta wasiƙa sai ya ari ta wani. Akwai wanda ya sayi hannu mai igiya biyu a kai ɗaya, mafi arha a kasuwa, ɗan wasansa na gudu hagu shi kaɗai ba a taɓa komai ba, shi kuma yana zargin emuleta. Akwai Mai F1 da F3, wanda ke ajiye gem kafin kowane fenariti, in ya zubar ya mayar da lokaci baya, sannan ya fito majalisa yana cewa ya yi kaka biyar a Master League ba a taɓa doke shi ba. Akwai wanda ya samo gem mai gig 4 da aka ce an matse shi ya koma meg 10, manhajar tsaro na ihu, ya kashe ta don tana damunsa, bayan kwana biyu ya dawo da laftof mai buɗe tallace-tallace da kanta. Da kuma mai sauke gem da datar dare, wanda ya samu kashi bakwai cikin takwas, na takwas ya lalace, asuba ta yi.

Malam Lauya yana da daɗin zama. Ya san cewa Sony ta kai kamfanin Connectix kotu a Amurka saboda emuletar PlayStation, kuma kotun ɗaukaka ƙara ta ba Connectix gaskiya a 2000. Ya san Nintendo ta maka masu emuletar Yuzu a kotu, suka amince su biya dala miliyan 2.4 suka rufe a Maris 2024. Zai bambance maka tsakanin manhajar, wadda ba laifi ba ce, da kwafin gem ɗin da ba ka saya ba, wanda shi ne inda gizo ke saƙa. Ya yi wannan huɗubar tsaf, ya sha ruwa, sannan ya zaro filash daga aljihu ya ce in ɗan tura masa Resident Evil 4.

Shi kuwa Tsohon Zakara, wanda ya yi zamaninsa a gidan gem, ba gem ɗin yake nema ba. Yana neman benci, da talabijin mai ƙeya, da yaron shago mai cewa lokaci ya yi, da 'yan kallo a bayansa. Ka saka masa Winning Eleven, ya mayar da Roberto Carlos gaba kamar yadda aka saba, ɗan ƙanensa ya zura masa huɗu. Ya ajiye hannu a hankali ya ce, "Abin nan yana lati. Ba haka yake a asali ba." Ba mu musa masa. Babba ne.

Mai Tarawa kuma ba zan tsananta masa ba, don ina ganin an yi masa mummunar fahimta. Yana da faifan ajiya na tera 2 cike da gem, an jera su baƙi-baƙi, kowanne da hoton kwalinsa, har da na Japan da ba ya iya karanta ko sunansu. Gaskiya ne bai buga kashi ɗaya cikin ɗari ba, kuma in ya samu sarari PES 6 ɗin dai yake komawa. To amma wa ya san gobe? Intanet na iya ɗaukewa, shafuka na rufewa. Mutum ne mai hangen nesa, mai tsari, kuma a daren jiya ma ya ƙara uku masu kyau sosai.

Duk waɗannan ina buɗe musu ƙofa da murmushi. Akwai guda ɗaya da ba na yi wa dariya, shi ne Mai Zagi.

Manhajojin nan babu wadda ya biya ko kwabo a kanta. PCSX2 ta fara fitowa tun 2002, Dolphin 2003, an fara RPCS3 a 2011, wani ɗan Suwidin mai suna Henrik Rydgård ya fito da PPSSPP a 2012. Mafi yawan masu aikin 'yan sa-kai ne, suna da nasu ayyukan da iyalansu, da daddare suke zama suna bin diddigin dalilin da ya sa inuwa ba ta fita daidai a wani gem da kamfaninsa ma ya manta da shi. Mai Zagi ya zo ɗakina, a kan kujerata, da wutata, gem ya ɗan tsinke a tsohuwar laftof ɗinsa, sai ya fara: 'yan damfara ne, malalata ne, ba su san aikinsu ba. Bai tsaya a baki ba. Ya zaro waya ya nemo inda ake aika musu saƙo, ya rubuta musu ashar da ɗan Turancinsa, ya karanta min yana jiran in yaba. Bai faɗi sunan gem ɗin ba, bai faɗi irin kwamfutarsa ba, balle wani ya iya taimaka masa. Zagin kawai.

Kuma irin wannan yana da sakamako. Wanda ya rubuta AetherSX2, manhajar da ta sa gem ɗin PS2 ya tashi da kyau a wayoyin Android, ya ajiye aikin a Janairun 2023, ya ce ya gaji da ƙorafi da matsin lamba da masu sojan gona da sunansa, har da barazanar kisa. Mutum ya ba ka abu kyauta, ka bi shi da barazana don wayarka ta yi zafi. Yaran da ba su da kuɗin sayen na'ura, waɗanda wannan ce kaɗai hanyarsu, su ne suka yi asara. Masu zagin kuwa suka koma kan manhaja ta gaba.

Na gaya wa Mai Zagi wannan labarin. Ya ce ai in ba za su iya ba su bari, wasu za su yi. Sannan ya miƙo filash ya ce in saka masa sabuwar fitowar, ko sun gyara. Na ce masa faifan ajiyata ya lalace. Yana nan a kan tebur, fitilarsa na ƙiftawa, ya gani, na ga ya gani, ban janye maganata ba.